Tambayi Anti: Mun ɓoye wa Mma gaskiyar ciwonta, yanzu ta juya mana baya

Assalamu alaikum masu karatu. Wannan watan wasiƙu uku na ɗauko, duk daga nan Kumasi, kuma duk akan irin ciwon nan ne da yake zuwa ya shimfiɗa tabarma a gida, wani a zauna da shi shekaru wani kuma shi ne ajali. Kamar kullum na cire sunaye. Ta farkon ta hana ni barci kwana biyu shi yasa zaku ga na daɗe a kanta.

TAMBAYA: Salam Anti, dan Allah ki taimaka min kaina ya kulle. Mma ɗinmu tana fama da kansar nono shekara biyu kenan muna zirga-zirga Gee, wato asibitin Komfo Anokye, an yi aiki an cire nonon, an yi kemo, an saka ta a na'urar gashi, toh watan jiya likita ya kira ni da Yayana yace abin ya bazu ya shiga ƙashi da hanta, yanzu ba maganar warkewa ake ba sai dai a rage mata wahala. Yaya yace duk wanda ya faɗa mata shi da shi ne, wai labarin ne zai kashe ta tun kafin ciwon. Kullum muna ce mata ai da sauƙi Mma, likita yace kin kusa miƙewa. Amma Anti sati biyu kenan ta rage yi mana magana, ta juya fuska bango, shekaranjiya ina shafa mata man kaɗanya a ƙafa sai tace min "ke ma kin koyi ƙarya ko". Na zagaya bayan ɗaki nayi kuka har na gaji. Ga zafi yana hana ta barci da dare, an rubuta mata mofin amma Yaya ya hana a bata wai maganin ƙarshe ne kuma yana sa maye kamar tiramol. Ya zanyi? Daga 'yarki a Aboabo.

AMSA: Wa alaikumus salam 'yata. Allah ya ba Mma sauƙi, ya saka miki da alheri.

Bari in fara da abinda ke kanki kin riga kin sani kina tsoron furtawa ne kawai. Mma ta sani. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo, matar da ta haife ku ta raine ku, tana ganin zanenta yana mata yawa kullum, tana ganin an daina kai ta kemo alhali bata warke ba, tana ganin kuna fita tsakar gida kuna ƙus-ƙus kuna dawowa da jajayen idanu kuna mata murmushi, wai ace bata gane ba? Na yi aikin nas shekaru masu yawa kafin in ajiye, kuma da wuya in tuna marar lafiya guda da ya kai wannan matakin bai san halin da yake ciki ba. Abinda ɓoyewar take yi shi ne ta bar shi shi kaɗai da abin. Ku kuna ɗauke da shi ku da yawa kuna jajanta wa juna a waje, ita tana ɗauke da shi ita ɗaya a ɗaki kuma duk wanda ta buɗe baki za ta yi wa maganar sai ya toshe ta da "haba Mma daina faɗin haka". Wannan juya fuskar da ta yi bango, ba fushi ne kawai ba, kaɗaici ne.

Akwai wata tsohuwa da bana mantawa, a wani asibiti da na yi aiki, 'ya'yanta sun roƙe mu kar a faɗa mata komai. Wata rana da asuba ina gyara mata ruwan da ake ƙara mata ta kama gefen rigata tace, 'yata zauna, na san tafiya zanyi, damuwata ɗaya akwai kuɗin susu, wato adashe, na mata huɗu a hannuna suna cikin gwangwanin Milo a ƙarƙashin gadona kuma yaran nan in na fara maganar sai su ce in yi shiru. Kinga abinda ke cin ranta kenan, amanar mutane. Da aka bari ta faɗa, aka rubuta sunan kowa da abinda take bi, wallahi a ranar ta ci koko ta yi barci.

Amma ban ce ki shiga ɗaki ki sauke mata magana kamar an sauke buhun gawayi ba. Wasu marasa lafiya basa son jin dalla-dalla kuma haƙƙinsu ne. Ki zaɓi lokacin da zafin ya lafa, babu 'yan dubiya, ki zauna ƙasa kusa da ita yadda take ganin fuskarki, ki ce mata, Mma ranan kin ce na koyi ƙarya, gaskiyarki ne, tsoro ne ya sa ni, ke me kike ji a jikinki? Sai ki yi shiru. Shirun nan shi ne mai wuya, bakinki zai yi ta ƙaiƙayi ki ce ai da sauƙi, ki danne. In ta tambaye ki kai tsaye ki bata amsa gwargwadon abinda ta tambaya, ki ce likita yace ciwon ya yi nisa, maganin da ya rage na rage wahala ne, lokaci kuma yana hannun Allah. In ta kau da maganar ta kama zancen jikokinta ki bi ta, kin dai buɗe mata ƙofa, ranar da take so za ta shigo. In kin ga ba za ki iya ba, ku roƙi likitan ya yi maganar da ita kuna zaune a wurin.

Shi kuma Yayanki kar ki ɗauke shi abokin gaba. Namiji ne da ya ga uwarsa tana zamewa daga hannunsa, babu abinda zai iya yi, sai ya kama hanawa don shi ne kaɗai abinda ya rage a ikonsa. Ke ƙanwa ce, in kika tsaya gaba da gaba da shi zai zama rigimar girma. Ki samo wanda yake jin nauyi, kawunku ko limamin unguwarku, a tuna masa hadisin Ibn Umar da ke cikin Bukhari da Muslim cewa bai kamata Musulmin da yake da abin wasiyya ya kwana biyu ba tare da wasiyyarsa tana rubuce ba. Toh ta yaya Mma za ta yi wasiyya, ta faɗi bashin da ake binta da wanda take bi, ta kira wadda suka yi shekara goma basa gaisawa su yafi juna, ta sa wa kowannenku albarka da bakinta, alhali kullum ana ce mata jibi za ki koma kasuwa? A tambaye shi, in shi ne a kwance yana so a yi masa haka?

Maganar mofin kuwa a nan ne raina ya ɓaci gaskiya, don barin uwa tana juyi da zafin ƙashi har asuba ga magani a cikin kwalba a ajiye, wannan ba tausayi bane. Na san daga ina tsoron ya fito, duk mun ga yadda tiramol ya lalata mana samari a zongo. Amma yaron da ya sayi ƙwaya a lungu don ya bugu daban, marar lafiyar da likita ya auna mata awon da ya dace da zafinta daban. Mofin na ruwa ana farawa da kaɗan, yawanci duk awa 4, a kan lokaci ake bayarwa ba sai zafin ya taso ta fara ihu ba, in bai isa ba likita ne zai ƙara ba ku ba. In an bi ƙa'ida baya gajarta kwana. Dalilin da yasa mutane ke ce masa maganin ƙarshe shi ne ana jinkirta shi sai mutum ya kai gargara sannan a bashi, in ya cika sai a ce maganin ne. Kwana biyu ukun farko za ta iya yin barci da yawa ko tashin zuciya, wannan yakan wuce, abinda baya wucewa shi ne taurin bayan gida don haka tun ranar farko ku nemi a haɗa mata da mai sassauta ciki. Ki ja Yaya ku koma wurin likitan tare, ya yi duk tambayoyinsa da bakinsa.

Kuma ku tambayi masu kula da rage wahalar marar lafiya, a asibiti ana ce musu faliyatif, akwai su a Gee, a Accra ma akwai a Korle Bu. Aikinsu kenan, mutanen da ciwonsu ba zai warke ba. Wata baturiyar Ingila ce Cicely Saunders, wadda ta yi nas kafin ta zama likita, ta buɗe gidan kula da irin waɗannan marasa lafiya a Landan a 1967, kuma ita ce ta dage cewa zafin mai ciwon ajali ba na jiki kaɗai bane, akwai na zuciya, akwai na tunanin iyali da kuɗi, akwai na tsakaninsa da Ubangijinsa, in ka yi maganin ɗaya ka bar sauran baka yi komai ba. Ni da idona na ga haka, mutum yana kan awo ɗaya na magani amma ranar da ɗansa da suka ɓata ya zo ya durƙusa sai ya kwana lafiya.

Sai 'yan dubiya. Zumuncinmu na zongo abin alfahari ne amma ɗaki ɗaya mutum goma sha, zafi, kowa da labarin wadda ta mutu da irin wannan ciwon, kowa da lambar wani mai magani da ya ji a rediyo yana warkar da ciwon daji cikin sati uku, kuɗin da za ku saya mata abinda ranta ke so ya tafi a jarkoki. Ki tambayi Mma wa take son gani, sauran a tarbe su a tsakar gida a gode musu a karɓi addu'a. In lokaci ya matso za ki ga cin abincinta ya ragu sosai barci ya ƙaru, kar ku ɗura mata tuwo dole, jikin ne baya buƙata kuma tana iya shaƙewa, ki riƙa jiƙa mata leɓe da auduga, kuna juya ta duk bayan awa biyu saboda gyambon kwanciya, kuna yi mata magana da karatu a hankali ko da idonta a rufe yake. Ke kuma ku raba kwana da 'yan'uwa, hannu ɗaya baya ɗaukar jinka, kuma kukan da kike zagayawa bayan ɗaki ki yi, in ya zo miki a gabanta ki bar shi ya zo.

TAMBAYA: Anti barka da aiki. Ni direba ne shekarata 46, da ina jan mota Kumasi zuwa Tamale, hawan jini ya kashe min ƙoda yanzu shekara ɗaya da rabi ina wankin ƙoda. Na sayar da motar. Matata ce ke sayar da waakye take riƙe gidan, ƙannena suna turo momo in sun samu, ni da nake ba mutane yau ni ake tara wa kuɗi a masallaci. Bana barci, bana son fita, abokaina na bes, wato majalisarmu ta hira, sun daina zuwa, ko ruwa an ce in auna kafin in sha. In na ce na gaji sai a ce min yi haƙuri Alhaji kar ka yi saɓo. Wani lokaci ina ji da na mutu da kowa ya huta, har na fara tunanin in daina zuwa wankin kawai. Shin imanina ne ya yi rauni? Daga Asawase.

AMSA: Alhaji sannu, Allah ya baka lafiya. Na gode da ka faɗi maganar nan a fili don maza da yawa suna haɗiye ta har ta cinye su.

A'a, ba raunin imani bane. Annabi Ayyuba da ake buga misali da haƙurinsa ya buɗe baki yace cuta ta shafe ni kuma Kai ne mafi jinƙan masu jinƙai, yana nan a Suratul Anbiya aya ta 83. Annabi Yaƙub ya yi baƙin ciki har idanunsa suka yi fari. Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya zubar da hawaye ranar da ɗansa Ibrahim ya rasu. Wanda yace maka faɗin na gaji saɓo ne, da kyakkyawar niyya ya faɗa amma bai yi daidai ba, kuma sau da yawa "yi haƙuri" ɗin nan da muke saurin faɗa hanya ce ta rufe bakin marar lafiya don mu bamu san me za mu ce ba.

Abinda ka lissafa min, rashin barci, ƙin fita, ganin kanka kaya ne a kan mutane, tunanin gara mutuwa, in ya wuce sati biyu yana bin mutum kusan kullum, ciwo ne mai zaman kansa, ciwon damuwa, kuma yana yawan kama masu wankin ƙoda. Yana da magani kamar yadda hawan jini yake da magani. Wani ɓangaren ma daga jikin ne kai tsaye, domin ƙoda ce ke fitar da sinadarin da ke sa ɓargo ya yi jini, in ta mutu jini ya yi ƙasa sai kasala da rashin kuzari su rufe mutum, ga ƙaiƙayin jiki da ƙafa mai hana barci, ga raunin kusantar iyali wanda maza basa faɗa amma yana cikin abinda ya fi karya musu zuciya. Duk waɗannan akwai abinda likita zai iya yi a kai, amma sai ka faɗa, ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Ranar wankinka mai zuwa ka ce wa likita ko nas ɗin da ka fi sakewa da ita abinda ka rubuto min, kalma da kalma, har da tunanin dainawa, ka ce a haɗa ka da likitan ƙwaƙwalwa. Zuwa wurinsu ba hauka bane. Kar kuma ka sayi maganin barci a kemis da kanka, jikin da ƙodarsa bata aiki baya fitar da magani kamar na kowa.

Dan Allah kar ka tsallake wankin. Ƙa'idarsa sau 3 ne a sati, kamar awa 4 kowane zama, na san da yawa sau 2 suke iya yi saboda kuɗi, toh in aka ƙara tsallakewa a kan haka ruwa yana taruwa a huhu, gishirin fotasiyam yana hawa a jini har ya iya tsayar da zuciya. Shawarar da mutum ya yanke yana cikin duhun damuwa ba tasa bace, ta ciwon ce. In dare ya yi tunanin ya matsa maka har kana jin za ka yi wa kanka wani abu, ka tashi matarka a take, ku tafi asibiti ko ku kira lambar gaggawa 112. Kar tsoron 'yan sanda ya hana ka, tun 2023 majalisar ƙasar nan ta cire yunƙurin kashe kai daga cikin laifuka. Akwai kuma addu'ar da Annabi ya koyar ga wanda cuta ta kai shi bango, maimakon fatan mutuwa ya ce ya Allah ka rayar da ni matuƙar rayuwa ce alheri gare ni, ka ɗauke ni idan mutuwa ce alheri gare ni. Ka riƙe ta.

Kace da ka mutu da kowa ya huta. Ka taɓa tambayar matarka? Ina kyautata zaton matar da take tashi ƙarfe uku ta hura wuta ta ɗora shinkafa da wake ba don ta huta da kai take yi ba. Ku zauna ku biyu ka gaya mata yadda kake ji, ita ma tana da nata da take ɓoye maka don kar ta ƙara maka. Kuma ka nemi abinda zai zama naka a gidan, ko lissafin cinikinta ne ka karɓa, ko raka yara makaranta, ko biya musu karatu bayan magariba. Mutumin da ya yi shekaru a hanyar Tamale ya san mota ya san fasinja ya san tasha, a ranakun da ba na wanki ba akwai abinda za ka iya yi a zaune a tasha, ka yi magana da shugabannin ƙungiyarku. Kuɗin masallaci kuwa ka karɓa kanka a ɗage, kai ma ka zuba a wannan faranti shekara da shekaru.

Abokan bes kuma sau da yawa ba gudunka suke ba, basu san me za su ce bane. Ka kira guda ɗaya ka ce gobe zan zo a ajiye min benci. Ko kofin ataya ɗin an hana ka cikawa, hirar ƙwallo dai ba a hana ka ba. Sannan wanda ke kwance a gadon da ke kusa da naka a ɗakin wanki, ka karɓi lambarsa, shi ne wanda in kace ƙishirwa tana kashe ni ba zai ce maka yi haƙuri ba, zai ce maka shi ƙanƙara ƙarama yake tsotsa. Azumi kuma in ya zo kar ka takura kanka, Allah ya yi rangwame ga marar lafiya, wanda ciwonsa ba a sa ran warkewa ciyarwa yake yi, miskini ɗaya kowace rana, ka tambayi malaminku ya yi maka bayani gwargwadon halinka.

TAMBAYA: Anti ni sikila ce, SS, shekarata 24, ina ɗinki. Tun ina yarinya nake jin ana cewa ba zan yi tsawon kwana ba. Wanda zai aure ni danginsa sun hana, uwarsa tace ba za ta kawo gawa gidanta ba. Tun daga nan ko ciwon bai tashi ba ina zaune cikin tsoron tashinsa, na daina karɓar ɗinkin biki ma don kar in kwanta in ba mutane kunya. Daga Tafo Zongo.

AMSA: 'Yata maganar da matar nan ta faɗa mummuna ce kuma jahilci ne, ban ga laifinki ba in har yanzu tana miki zafi. Masu cewa sikila baya daɗewa labarin zamanin da suke bayarwa, lokacin da yara ke mutuwa ba a ma san me ke damunsu ba. A Ghana, nan Kumasi aka fara yi wa jarirai gwajin sikila tun ranar haihuwa a 1995, ƙarƙashin marigayi Farfesa Kwaku Ohene-Frempong, kuma ni na san masu SS da suka aurar da 'ya'yansu. In ba kya shan haidroksiyuriya ki tambayi likitanki ko ya dace da ke, yana rage yawan tashin ciwon ga mutane da yawa, sai yawan shan ruwa, gidan sauro, da rufe jiki lokacin hunturu da damina.

Tsoron tashin ciwo kuwa abu ne da ya saba kama duk wanda ya taɓa ɗanɗanar wannan zafin, amma kin ga ya fara ƙwace miki har ranakun da kike lafiya, kuma damuwar kanta tana cikin abubuwan da ke tayar da shi. Abinda ke rage irin wannan tsoron shi ne shiri. Ki haɗa jaka ɗaya ki ajiye, katin asibiti, katin inshora wanda bai mutu ba, magungunanki, kuɗin mota, ki san wa za ki kira in ya tashi da dare. Ki koma karɓar ɗinkin biki amma ki riƙa ba da rana da tazara, ki yi yarjejeniya da wata tela 'yar'uwarki in kin kwanta ta ƙarasa ku raba kuɗin. A asibitin sikila ki tambaya ko akwai ranar da masu irin ciwon suke haɗuwa, ki je ko sau ɗaya ne ki gani.

Maganar aure, wanda ya zo nan gaba ki faɗa masa da wuri kafin zuciya ta yi nisa, ku je gwajin jini tare, kuma a duba har da nau'in C, wanda shi ma in ya haɗu da S yana kawo sikila, don akwai shi sosai a Ghana. In shi AA ne babu ɗanku da zai zama SS, duk AS za su zama. In akwai halin ya kawo mahaifiyarsa asibitin ta ji daga bakin likita tun kafin a kai goro, ku yi hakan.

'Yata ta Aboabo, in kin yi maganar da Mma ki sake rubuto min in ji yadda kuka yi, ina sa ku a addu'a.